Sunana a Bangon Ruwais

Wata uku na yi ina zane da lalle a kan farin ƙyalle. In kwaɓa, in zana, in bari ya kama, in kankare, in sake. Fuskokin mata goma sha biyu ne, duk 'yan unguwarmu ta Kurayyat a Jidda.

Ranar buɗe baje kolin a wani gidan zane da ke unguwar Ruwais, na je da ƙanwata Sajida da ƙawayenmu huɗu. Kowane zane da sunan mai shi a gefe, ɓaro-ɓaro. Nawa kuwa sai aka rubuta: "Aikin hannun matan Afirka." Shi ke nan fa! Raina ya ɓaci.

Na nemo Nayef, wanda ya shirya taron.

"Ustaz, ina sunana?"

"Ya ukhti, lalle ai kwalliyar amare ce, ba zane ba," ya ce yana murmushi. "Kuma baƙi sun fi son su ji daga can ya zo."

"Can ina? A Jiddan nan aka yanke mini cibiya!"

"Halas, ya isa haka, Mastura, rage murya. Ana kallonmu."

To a kalla mana! Sajida ta zaro ledar kwaɓaɓɓen lalle daga jakarta, don ita mai ƙunshi ce, ba ta fita babu shi. Ƙawayenmu suka jeru a bayana, kafaɗa da kafaɗa. Mai gadi ya zo ya yi cirko-cirko, wa zai ture a cikinsu? Na huda bakin ledar, na rubuta a farin bangon da manyan baƙi: Mastura bint Muntaka, haifaffiyar Jidda.

Wani ma'aikaci ya rugo da tsumma. Nayef ya daka masa tsawa.

"Kada ka taɓa, zai dame bangon! A bari ya bushe, gobe a kankare."

Sajida ta toshe baki da mayafi. Ni ma da ƙyar na danne dariya. Bawan Allah bai taɓa zama kusa da mai ƙunshi ba, bai san kwanan da lalle ke yi shi ne kamunsa ba.

Washegari suka kankare, sunana ya fito jawur. Ranar Nayef ya kira ni yana huci, wai ba zan ƙara rataya ko zare a gidansu ba.

"Na ji," na ce. "Amma karanto mini abin da ke bangon, in ji ko na rubuta daidai."