Tarin Modibbo

...kuma ba taron ne ya tsorata shi ba, yarinyar ce. Abdulkahar yana tsugune a bayan ajin firamare, nan Birnin Gwari, inda aka jibge mutanen Kakangi da suka gudo. Malafa a gwiwa, gemun auduga yana ɓamɓarewa saboda gumi. Daga fili ana ta kira, Modibbo! Modibbo! Shi ake nufi. Wa ya san wani Abdulkahar yanzu? Mai shayi ma Modibbo yake ce masa. Har matarsa, in ta sha'afa.

Modibbo na ainihi... dattijon makiyayi mai dogon wuya, ran kasuwa yana gindin ɗorawa. Tun yana nan Abdulkahar ke kwaikwayonsa, tsohon ya ɗaga sanda yana dariya: "Ɗan nema, ni haka nake?" Sai 'yan bindiga suka shige da shi dajin Kamuku. Ba gawa, ba labari. Wasan kuwa bai tsaya ba, ya shiga waya, ya kai Kaduna, ya kai Kano. Jama'a na son tari, ya ƙara tari. Suna son ɗingishi, ya ba su ɗingishi. Hausar ma ya kakkarya ta, alhali... alhali me? Tsohon yana karya Hausa? Anya kuwa?

Ɗazu Zakiyya, autar Modibbo, wadda tana goye aka tafi da uban, ta ja masa riga.

"Kawu, Inna ta ce kai kaɗai ka iya muryar Baffana. Yi mini ta gaskiyar. Ba ta ban dariya ba."

Ta gaskiyar.

Ya rufe ido. Ga ɗorawar, ga sandar, ga warin shanu a jikin rigar... bakin tsohon yana motsi, amma muryar da ke fitowa tasa ce, ta wasa, ta tafi da shewa. Ya sake gwadawa, ƙasa-ƙasa, sallama kawai. Tari ya riga shi. Wa ya kira tarin nan? Tsohon ya taɓa yin tari ma kuwa? Mutum ya ɓata a daji, ya zo ya sake ɓata a bakinka — kai da ke ƙaunarsa. To ya yi mata da tasa muryar mana, ya ce yarinya, na manta. Tasa? Wacce? Yaushe rabon da ya ji ta?

Modibbo! Modibbo!

Duk abin da ya fito daga maƙogwaron nan, shi za ta riƙe a matsayin uba har ta tsufa. Ga ta can ta leƙo ta gefen bango, tana jira... shi kuwa wallahi ba shi da wani Modibbon.