Kujerar Bodnar

Shekara arba'in Bodnar, mutumin ƙasar Hungary, yana ba da umarni a fim da talabijin, bai taɓa bar wa kowa kujerarsa ba. Dalal Wada ta fi kowa sani, don shekara tara ta yi tana mataimakiyarsa, tana haɗiye faɗansa.

Da aka ba shi aikin fim a kan Hausawan unguwar Nakkasa da ke Makka, ya taso daga Jidda da ƙarfinsa. Amma a shingen hanyar Makka, inda wanda ba Musulmi ba yake juyawa, dole ya tsaya.

"Ki kira ni kafin ki ɗauki komai," ya ce mata.

Ba ta kira ba. A Nakkasa aka yanke mata cibiya. Tsofaffin da ba sa buɗe wa baƙo baki suka ce, "Ai 'yar Wada ce, shigo!"

Da Bodnar ya kalli fim ɗin, sai ya soke sunansa, ya rubuta nata, ya turo mata kujerar.

Dalal ta yi dariya. "Riƙe abarka, Ustaz. A kan tabarma na yi shi."