Kankanar da ta warware rantsuwar Ticha Zainudeen

Yayyena biyu sun yi shekara goma sha tara ba sa ga-maciji, kuma duk a kan lungu ɗaya. Babban, Zainudeen, malamin lissafi ne a Salaga, kowa Ticha yake ce masa. Mai bi masa, Razak, magini ne. Ni ce autarsu, Memuna, ina sayar da kankana a tashar Yendi, kuma su biyun duk sun ishe ni.

Razak ne ya gina lungun shiga gidanmu na Salaga. Daga baki mutum biyu na jerawa, can ciki kuwa sai an bi a kaikaice. Ranar jajiberin Babbar Sallah ragon Ticha ya shiga ya maƙale, gaba ta ƙi, baya ta ƙi. A nan ya kwana, a nan aka yanka shi, Ticha na durƙushe ta ciki, 'yan unguwa na dariya ta waje. Maimakon Razak ya ba da haƙuri, sai cewa ya yi ai kowane layi biyu in aka bi su za su haɗu a gaba.

Ticha ya ajiye wuƙa ya ce, "Wallahi ni da kai ba mu ƙara haɗuwa, sai ranar da layi biyu miƙaƙƙu da suka tashi kafaɗa da kafaɗa suka haɗu!"

Razak ya kwashe kayan aikinsa ya koma Bawku. Liman ya ce abu mai sauƙi ne, a ciyar da miskinai goma, rantsuwa ta warware. Ticha ya ce ciyarwar ta wanda ya yi kuskure ce. Sai ya duƙufa neman hujja a takarda cewa layukan nan ba sa haɗuwa har abada.

Duk zuwana Salaga sai na sha labari ɗaya a bakin Ticha. Wai wani tsohon masanin lissafi Bagirike, Uklidis, ya kafa ƙa'idoji biyar. Huɗu ko yaro ya ji zai yarda. Ta biyar ce ta layukan nan, ita kuma ba hujja, cewa ya yi a karɓa kawai. Shekara dubu biyu malaman Larabawa da Farisa da Turai na neman hujjar, kowa ya zagaya ya dawo inda ya tashi kamar akuya a turke. A nan labarin ke tsayawa kullum. Na dai lura shafukan ƙarshe na littafin lissafin Ticha a manne suke, har da busasshen koko a gefe.

Bana, wata Talata da hantsi, Sadiqa matar Razak ta bugo waya.

"Sista Memuna, Bra Razak ya faɗi a wurin aiki. Rabin jiki ba ya motsi. Ticha kawai yake kira."

Tsoro ya kama ni sosai. Na kira Ticha. Ina jin kukansa ta waya, amma ya ce rantsuwa rantsuwa ce. Iyakarsa Yendi, tunda Yendi ba Bawku ba ce. Da azahar sai ga shi ya sauko daga mota da littafinsa da rula, ya zauna a bencina yana ja wa ɗan'uwansa layi a takarda.

Raina ya ɓaci. Na jawo kankana mafi girma na dangwarar a gabansa.

"Yaya, dubi zanen jikinta. A tsakiyar cikin nan, wannan da wannan ba kafaɗa da kafaɗa suke ba?"

"Haka suke."

Na ɗora wuƙa a kan ɗaya na bi shi sama. Na bi ɗayan. Hannuna bai karkata ba, shekara ashirin nake wannan aiki. Yankan biyu suka haɗu a gindin kara. Na gitta wuƙa a ƙasa, yankin ya faɗo a cinyarsa.

Ya daɗe yana kallonsa. Sannan ya karɓi wuƙata ya ɓamɓare shafukan da ya manne. Murya ƙasa-ƙasa ya ƙarasa mini labarin. Kusan shekara ɗari biyu ke nan da wani Barushe da wani saurayi ɗan Hangari suka jefar da ƙa'ida ta biyar, lissafi bai rushe ba, wani sabo ne ya fito. Daga baya wani Bajamushe ya nuna cewa a bisa abu mai kama da ƙwallo duk miƙaƙƙun layuka sai sun haɗu. Duniyar da muke takawa ma ƙwallo ce.

"Tun yaushe ka san haka?"

"Shekara goma sha ɗaya."

Da ba yayana ba ne, da na kwaɗa masa sauran kankanar. Ashe ba hujja ya rasa ba, kunya ce ta hana shi. Duk da haka sai da ya ce rantsuwar a gaban jama'a aka yi ta, dole a samu shaidu. Na tara direbobi shida da mai shayi, na sake yanka wata. Suka leƙa, suka ce wallahi sun haɗu, suka cinye hujjar.

Washegari da safe muka isa asibitin da aka kwantar da Razak a Bawku, Ticha rungume da kankana ta uku. Razak ya rame, bakinsa ya karkace. Ticha ya tsaya a bakin gado ya ce, "Razak, kai ke da gaskiya. Suna haɗuwa."

Razak ya yi ta kokawa da harshensa kafin magana ta fito.

"Yaya... igiyar awo... na manta a gida ranan. Ginin ne ya karkace."

"Yi shiru," in ji Ticha. "Turawa uku na bayanka."

Ya zauna a gefen gadon ya kama hannun da ba ya motsi. Kuka ya hana shi yanka kankanar, ni na yanka musu.