Ranar da Na Shiga Gaban Jaki

Shekara da shekaru aikina ƙafafun jaki na baya ne. Ka yi dariya in ka ga dama, da shi na yi aure, da shi nake ci da iyalina. Ƙungiyarmu ta wasan kwaikwayon yara tana da zaure a unguwar Gyadi-Gyadi, tsohon gareji ne muka share muka shimfiɗa tabarmi. Duk Asabar bayan la'asar ma'aikatan jinya na asibitin koyarwa sukan kawo 'ya'yansu, wasu ko fararen kayan aiki ba su tuɓe ba. Yaran ba labarinmu ne ya dame su ba. Duna suke zuwa gani, jakinmu na buhu da auduga. Garba ne a gaba, ni a baya, a sunkuye, riƙe da ƙugunsa. Ban taɓa ganin fuskar 'yan kallo ba, duga-dugan Garba kawai na sani.

Shekarar da sojoji suka koma bariki, gari ya cika da hotunan 'yan siyasa, wata bas ta kwashe Garba a kan babur a hanyar Zariya. Muka kai shi makwancinsa, muka dawo, muka zauna karɓar gaisuwa. Mutane suna ta kuka, ni ko ɗigo. Na ci abincin sadaka har na nemi ƙari. Jikina duk ya zama kamar ƙafar da aka daɗe zaune a kanta.

Bayan addu'ar bakwai Malam Gambo, shugabanmu, ya ja ni gefe.

"Inuwa, Duna ba ya mutuwa. Ran Asabar kai za ka shiga gaba, Isyaku makaɗi ya riƙe maka baya."

Na ce to. Da rijiya ya ce in faɗa, to ɗin zan ce.

Dokar gidanmu ce, Duna ba ya magana, kuma ba a cire kansa a gaban yaro. In an tashi wasa yara sukan yi layi, kowa ya raɗa masa tambaya a kunne, shi kuma ya gyaɗa kai ko ya girgiza. Zan ci jarrabawa? Za a haifa mini ƙani? Irin wannan dai.

Ran Asabar ɗin, ina ɗaura igiyar wando a bayan labule sai ga Asabe, ƙanwar Garba, idonta jawur.

"Malam Inuwa, Mufida na kawo. Ce mata muka yi Abbanta ya tafi Legas. Ta ƙi cin abinci, wai sai ta zo wajen Duna. Uwar tana takaba, ba ta da ƙarfin rigimarta. Don girman Allah, duk abin da ta tambaya ka gyaɗa mata kai."

Mufida 'yar Garba ce, shekararta shida. A duk yaran unguwar ita kaɗai ta san wanda ke cikin kan jakin nan, kuma ba ta taɓa tona asirin uban ba. Na ce wa Asabe to, ita ma.

Cikin kan yana warin gumin Garba da goronsa. Ta bakin jakin ake hangen waje, an ɗinka ɗan ƙyallen gidan sauro a wurin. Ranar na fara ganin mutanen da na daɗe ina jin dariyarsu. Ashe haka suke, bakuna a buɗe, hannuwa duk maiƙon ƙosai. Na yi tsalle inda Garba yake tsalle, na faɗi inda yake faɗuwa. Isyaku ya taka mini dunduniya ya fi a ƙirga. Suka yi ta shewa, ni kuwa ban ji daɗi ba, ban ji ciwo ba.

Aka yi layi. Mufida ta bari kowa ya wuce, sannan ta matso. An yi mata sabon kitso, ta rame. Ba kunne ta nufa ba, bakin ta leƙa.

"Abba?"

Asabe tana tsaye a bayanta, tana gyaɗa mini kai. A nan ne haushi ya kama ni, abu na farko da na ji tun ranar jana'iza. Mu manya mun iya ƙarya, mu kira ta tausayi, mu bar yarinya tana tsaron ƙofa. Na girgiza kai.

"Yana Legas?"

Na girgiza.

Isyaku ya matse mini ƙugu, yana raɗa, "Kai, Inuwa, ka ji tsoron Allah." Tsoron nasa nake ji.

Yarinyar ta tsaya tana murza bakin mayafinta. Sai ta ƙara matsowa har numfashinta yana taɓa fuskata.

"Zai dawo?"

Kan nan bai taɓa yi mini nauyi kamar lokacin ba. Na juya shi hagu, na juya shi dama, a hankali, don kada ta ce ba ta gani ba.

Ba ta yi kuka ba. Ta shafa hancin Duna yadda sauran yara suke yi, ta ce, "To." Asabe ce ta toshe baki da gyale, kafaɗunta suna rawa. Mufida ta juya ta kama hannunta.

"Goggo, mu tafi gida," ta ce. "Umma ita kaɗai ce."