Tambari a Kan Fuskar Baba

Baba kafinta ne, kuma aikinsa na ƙarshe a duniya shi ne haɗa wa 'yan fim rumfunan kasuwa. Ranar ɗaukar fim ɗin mutanen da za su cika kasuwar suka yi ƙaranci, sai darakta ya roƙe shi ya tsaya a gefe ya riƙa buga ƙusa kamar yadda ya saba. Ya dawo gida yana dariya, wai da tsufansa ya zama jarumi. Allah bai nufa ya ga fitowar fim ɗin ba.

Ba mu da bidiyonsa ko ɗaya, don bai taɓa yarda a ɗauke shi da waya ba. Shi ya sa da Mama ta ji fim ya fito, ta kasa zaune ta kasa tsaye. So take ta ga mijinta yana motsi, ko da na ƙiftawar ido ne.

Yayana ya ce a bar masa. Shi fa a wurinsa duk mai biyan kuɗin kallon fim kansa bai waye ba, kuma mun sha yin faɗa a kan haka. Ya je wurin mai tura fina-finai a waya, ya dawo yana hura hanci, ya haɗa mana wayarsa da talabijin.

Hoto dishi-dishi, magana daban, motsin baki daban. Muka daure har aka zo kasuwa. Ga rumfar, ga hannu riƙe da guduma yana sama yana ƙasa. Amma daidai inda fuskar take, wanda ya saci fim ɗin ya manna ƙaton tambarinsa, har da lambar waya. Mara kunya!

"Ɗan matsar min da abin nan," in ji Mama.

"Ba ya matsuwa, Mama," Yaya ya faɗa a hankali.

Ba ta yarda ba. Ta tashi ta kama gefen mayafinta tana goge gilashin talabijin ɗin da ƙarfi. Wallahi na shirya wa Yaya baƙar magana, amma da na ga idonsa ya kawo ruwa sai tausayinsa ya kama ni.

Ya miƙo min wayarsa, kansa a ƙasa. "Ke, nuna min inda masu fim ɗin suke sa nasu. Yaya ake biya?"

Na nuna masa, ya biya da hannunsa. Hoto ya fito tar. Ga Baba nan, fensir a bayan kunne, ƙusoshi a baki. Har ya saci kallon kyamara, alhali ya ba mu labarin an hana shi.

"Ku dube shi," in ji Mama. "Ban ce ya daina sa ƙusa a baki ba?"

Ta zame daga kujera ta zauna a ƙasa, dab da talabijin.

"Sake sa min wurin. Kuma ku yi shiru, ina son jin bugun gudumarsa."