Cikin Mista Joris

Bayan sallar azahar aka kawo wa Dakta Bashari wani Bature a wani ƙaramin asibitin kuɗi da ke unguwar Shumaisi a birnin Riyad. Sunansa Joris Vermaut, mutumin arewacin Beljiyam, inda ake magana da harshen Filemish, kuma ya zo Riyad ne tare da masu ɗaukar fim. Yana dafe da ciki, yana roƙon allurar kashe zafi mai ƙarfi, har da ambaton sunanta.

Sunan nan da ya ambata shi ya sa Dakta ya dakata. Allura ce da ake kullewa a akwati, kuma likitan da ya bayar da ita ba bisa ƙa'ida ba, lasisinsa da iƙamarsa, wato takardar izinin zama a ƙasar, tare za su tafi.

Zulkifilu, ma'aikacin jinya, ya ja shi gefe ya nuna masa waya. "Likita, duba nan. Shekara talatin ke nan yana wannan sana'a. Shi ke rubuta wasan, shi ke fitowa a talabijin ɗin ƙasarsu. Na ƙirga, sau huɗu ya mutu."

Ga Joris a cikin wayar, kwance a gadon asibiti, ya dafe ciki yana cije leɓe, kamar yadda yake yi yanzu a ɗaki na uku.

Dakta ya koma ya nuna wa Joris hoton. Joris ya ce da ƙyar, "Kafin in rubuta wannan wasa, wata biyu na yi ina zama a asibiti ina nazarin masu ciwon ciki. Yau kuma nawa ne."

Amsar ta ƙara wa Dakta zargi, domin wanda ya yi nazarin ciwo ya san yadda ake kwaikwayonsa. Ya bar shi a kwance, ya duba wasu majinyata, sannan ya rubuta masa farasitamol da takardar sallama.

Sista Huseina, babbar nas, wadda ta girme Dakta nesa, ta karɓi takardar amma ba ta motsa ba. "Likita, ka kuwa taɓa cikinsa?"

"Sista, ɗan wasa ne fa."

"Na ji. Ku biyu kun sha kallo, saura aikin. Mu dai da hannu aka koya mana."

Kunya ta kama shi. Ya je ya danna gefen dama na marar Joris, ya ji ta kamar katako. Da ya ɗage hannu farat ɗaya, Baturen ya yi fari fat, gumi ya karyo masa, ko ƙara ya kasa yi.

"Zulkifilu, yalla, maza kira likitan tiyata!"

Likitan tiyata, wani Basudane, ya iso da sauri, ya taɓa cikin sau ɗaya, ya ce afendis ne, kuma da alama ya riga ya fashe. Ana tura gadon, likitan tiyatan ya waiwayo ya dubi Dakta.

"Ya duktur, tun ƙarfe nawa yake nan?"

Dakta Bashari ya dubi agogon bango. A daidai lokacin ladan ya fara kiran la'asar.