Hashimu Ya Iya Faɗuwa

A duk Damargu, daga Tanut har Belbeji, ba a samu namijin da ya kai bayan Buba na Falanko ƙasa ba. Ba cika baki ba ne, tsofaffi na nan da ransu, mai musu ya je ya tambaya. Ya yi kokowa tun yana saurayi har furfura ta fara leƙo masa, ya kwance layunsa da hannunsa, ya koma gonar hatsi. Sunan nan shi ne abin da ya tara a duniya. Ba raƙumi, ba shago, wata shekarar ma tun kafin ruwa ya sauka rumbunsa ke ƙarewa, amma in ya shiga kasuwa sai an matsa masa a kan tabarma.

Ɗansa Hashimu ya ɗauko shi kamar an tsaga kara. Ga tsawo, ga wuya, ga dantse. Tun gemu bai fito masa ba ya gama da samarin Falanko, aka fara neman masa abokan karawa daga Tarka. Sai dai yaron yana da wata cuta da uban bai sani ba, wato finafinan Shinuwa, na faɗan mutanen Sin. In an aike shi kasuwar Tanut sayar da wake, a rumfar kallo yake ƙarewa, ya zauna kan benci baki buɗe, mutane na tashi sama suna dukan juna da ƙafa. In ya dawo gida sai ya zaga bayan rumbu yana harbin iska. Ƙanwarsa Zalika ce ta fara kama shi. Ta yi dariya har da riƙe ciki, ta ce, "Yaya, wallahi jakin gidan nan ya fi ka iya harbi."

Wata shekara damina ta yi gardama, samari suka watse cin rani. Hashimu ya sauka Damagaram yana dako a tasha, da yamma yana zuwa wurin wani tsohon soja mai koyar da karate. Daga nan ƙafa ta ja shi Kano. A can wani mai shirya finafinan faɗa, Abdulhafiz, ya gan shi ya ɗaga buhu biyu kamar matashin kai, ya kewaya shi yana dubawa yadda ake duba bijimi a kasuwar shanu, ya ce gobe ya zo.

Hashimu bai yi barcin kirki ba don murna. Shi a zatonsa jarumi za a ba shi. Da ya je sai aka nuna masa jarumin, wani ɗan siririn yaro mai ƙamshin turare, wanda in Hashimu ya yi atishawa da ƙarfi sai an je an tsinto shi. Abdulhafiz ya ce, "Kai ne mugun. Za ka kai masa duka ya goce, ya taɓa ka, ka faɗi."

"Ni ba na faɗuwa, Oga," in ji Hashimu.

Wurin ya kwashe da dariya. Abdulhafiz ya dafa shi ya ce, "Ɗan Nijar, ka ji gaskiya. Jarumi fuska ake nema. Kai Allah ya hore maka jiki, fuskar kuwa sai haƙuri. In za ka faɗi bisimilla, in ba za ka faɗi ba ga hanyar tasha can."

Ya tuna dako, ya tuna rumbun gida, ya faɗi. Faɗuwar farko kamar an yar da buhun gero, don bai taɓa yi ba. Ya gurɗe kafaɗa, kwana da kwanaki yana shafa man zafi.

To, a faɗi gaskiya ko da ba daɗi, faɗuwa ma sana'a ce, kuma Hashimu ya iya ta fiye da kowa. Tun da jaruman ba su iya komai ba, sai aka yi masa alama: in jarumi ya buga masa kafaɗar hagu sau biyu da tafin hannu, lokaci ya yi. Sai ya saki ƙugu, ya cilla ƙafafu sama, ya juya a iska, ya sauka a kan faɗin bayansa, ya daki ƙasa da hannu don ƙarar ta fito. Mai kallo sai ya rantse kashin bayan ya karye, shi kuwa ko ƙwarzane. An jefo shi daga kan babbar mota, an wurga shi ta cikin zana, an tura shi kwata. A wani fim aka sa masa suna Kututture, sunan ya bi shi. Shekara ta bi shekara, har ya kai ba ya jiran tunani. Ko hira ake yi wani ya buga masa kafaɗar, sai ka ga ƙugunsa ya saki zai faɗi. Abokan aiki suka mai da abin wasan tsokana, shi ma yana taya su dariya.

Kaset ya riga shi zuwa Falanko. Samari, da kyakkyawar niyya, Allah ya sani, suka je suka ɗauko Buba, suka ce ya zo ya ga ɗansa a tele. Suka ba shi kujera a gaba. Tsohon ya ga Hashimu ya fito ƙirji a waje, ya gyara zama yana murmushi. Sai ga ɗan siririn nan ya taɓa shi, ƙaton ya tashi sama ya rabu da ƙasa, ya dawo tim. Rumfa ta ɗauki tafi. Buba ya miƙe, ya nemi takalmansa.

Aka bi shi ana cewa, "Baba, ai wasa ne, shiri ne, ba gaske ba."

Ya ce, "Bayansa ya taɓa ƙasa ko bai taɓa ba?"

"Ya taɓa, amma..."

"Ƙasa ba ta san wasa ba."

Daga ranar bai sake ambatar Hashimu ba. Ba gaba yake yi ba, don mutum ne mai salla. In ɗan ya zo ganin gida ya durƙusa ya gaishe shi, zai amsa lafiya lau, kamar yadda ake amsa wa baƙon da ya tsaya tambayar hanya, ya ci gaba da jan tasbaharsa. Shaddar da Hashimu ke kawowa mijin Zalika ke sa ta. Wannan abu ya ci Hashimu ƙwarai. Mutumin da yara ke bi a titin Kano suna kiran Kututture, sai ya fito daga zauren ubansa ya rasa inda zai sa fuskarsa.

Ana nan kasuwar finafinan faɗa ta mutu. Kowa ya koma kallon soyayya a salula, ba mai neman ƙaton da za a jefo daga kan mota. Abdulhafiz ya koma sayar da atamfa. Auren da Hashimu ya yi a can ma bai yi ƙarko ba. Ya tattara 'yan komatsansa ya dawo Falanko ana tsakar damina, ya ɗauki hauya ya shiga gonar uban, ba wanda ya ce masa zo, ba wanda ya ce masa tafi.

Ya tarar da Buba ya zube. Tari ya cinye ƙirjin nan da ake yi wa kirari. Zalika ta kai shi asibitin Tanut, likita ya ja ta gefe ya ce su koma gida, abin da duk ransa ke so a ba shi. Ita ta gaya wa Hashimu, suna tsaye bakin rijiya.

Can ya ce, "In an yi kaka zan shiga fage."

"Wane fage, Yaya? Ka dubi kanka. Sa'o'inka 'ya'yansu ke kokowa yanzu."

"So nake ya gan ni a tsaye, wani a ƙasa. Sau ɗaya tak, Zalika. In ya tafi da abin da ya gani a tele, ni kuma ban san me zan zauna yi ba."

Ta ce, "Alhassan na Tarka za su kawo bana. Yaron nan ba shi da tausayi."

"Shi nake so."

Ta share ido da bakin zane, ta ce Allah ya kyauta, ta ɗauki tulunta.

Ya shiga shiri ba wasa. Da safe gudu cikin rairayi, da yamma ya tara samarin gari yana yar da su ɗaya bayan ɗaya. Ƙarfin yana nan, dabarar ma ba ta tafi ba. Waɗanda suka fara zuwa don yi wa Kututture dariya suka koma gida suna ɗingishi. Da aka gama ɗaurin dammuna, aka sa ranar kokowa, ya je ya durƙusa gaban uban ya gaya masa. Buba ya yi tari ya tofar, ya ci gaba da jan tasbaharsa. Amma da ranar ta zo, bayan azahar, Zalika ta shigo ɗakin Hashimu riƙe da wani tsohon gurun layu wanda fatarsa ta yi baƙi don gumi. Ta ce, "In ji Baba. Kuma ya ce a ɗaura wa jaki amalanke." Hashimu ya karɓa da hannu biyu. Ƙato da shi, sai da ya juya baya don kada ƙanwarsa ta ga fuskarsa.

Bayan la'asar fage ya cika. Mutanen Tarka sun zo mota guda, har da na Belbeji. Aka sauko da Buba daga amalanke, aka shimfiɗa masa buzu a gaba, Zalika ta zauna bayansa tana tallafe da shi. Makaɗi ya hango tsohon, ya juya ganga ya saki kiɗan Buba na da, wanda aka daɗe ba a ji ba. Buba ya ɗaga hannu sama.

Ƙananan 'yan kokowa suka yi nasu aka share fage. Alhassan ya fito, gajere, kakkaura, yana yashe haƙora. Ya zo ya gaida Hashimu da ladabi, ya ce, "Babban yaya, a yi mini afuwa in na yi rashin kunya." Alƙali ya busa usur.

Suka sunkuya suna zagaya juna, kowa na ɗibar rairayi yana murzawa a tafi. Alhassan ya kai hannu ƙafa, Hashimu ya janye, ya danne masa wuya. Yaron ya ji nauyin da bai taɓa ji ba, murmushin ya ɓace. Ya zille, ya sake kawowa, aka sake danne shi. Mutanen Tarka suka yi tsit. A karo na gaba Hashimu ya samu abin da yake nema, ya zura hannu ya kama ƙugun Alhassan ta baya, ya haɗa shi da ƙirjinsa, ya ɗaga. Ƙafafun yaron suka bar ƙasa. Fage ya ɗauki ihu, mata na guɗa. Ta gefen ido Hashimu ya ga ubansa ya yunƙura ya tashi a kan gwiwa, Zalika na riƙe da rigarsa. Abin da ya rage kawai ya juya ya aje.

Alhassan kuwa yana sama yana neman abin kamawa, jikin Hashimu duk gumi, hannunsa na zamewa. Ya kai tafinsa kan kafaɗar Hashimu ta hagu ya zame, ya sake kaiwa.

Hashimu bai yi niyya ba. Wallahi bai yi ba. Hannuwansa suka buɗe, ƙugunsa ya saki, ƙafafunsa suka tashi sama, ya juya a iska, ya sauka a kan faɗin bayansa, har da dukan ƙasa da hannu. Faɗuwa ce mai kyau, irin wadda in a Kano ne sai an tafa masa.

Ganga ta tsaya. Alhassan ya dira a kan ƙafafunsa, ya tsaya yana duban tafin hannunsa. Ya juya wurin alƙali ya ce, "Ni fa ban yi masa komai ba." Alƙali ya ɗaga hannun yaron, don doka ba ta tambayar dalili. Daga can baya wani ya ce Kututture, dariya ta fara tashi, ta mutu da kanta da mutane suka ga Buba ya miƙe.

Hashimu na kwance yana kallon sama, ya kasa tashi, ba don wani abu ya karye ba. Ya ji takun ƙafa a hankali cikin rairayi, da tari. Tsohon ya iso dafe da kafaɗar Zalika, ya sunkuya da ƙyar, ya dube shi tun daga kai har ƙafa.

"Ka ji ciwo?"

Rabon da uban ya tambaye shi wani abu, Hashimu ya manta. Hawaye suka gangaro masa ta gefen ido suka shiga kunne.

"A'a, Baba. Ba na jin ciwo. Na iya."

Buba ya gyaɗa kai. Ya daɗe yana gyaɗawa. Sannan ya ce, "Na gani. Da ma shi ya kayar da kai, ɗana, da na samu wanda zan yi fushi da shi."

Ya miƙe, ya ce wa Zalika ta kai shi gida, sanyi ya fara sauka.